Kawu Ishaya, Wanda Ya Sayar da Gonar Ubansa a Talabijin

Duk wanda ya taɓa zama da Kawu Ishaya na minti goma ya san kalmar nan tasa. Kana cikin magana, ka yi nisa, sai ya ɗaga hannun dama ya sara shi a tafin hagu. "Kat! Sake daga farko, wannan karon ka cire ƙaryar." Ya yi wa dillalan citta, ya yi wa masu neman ƙuri'a, ya yi wa likita. Ranar auren ƙanena Luka, fasto ya ja wa'azi har shinkafa ta huce a tukunya, sai muka ji daga bencin dattawa, "Kat!" Fasto ya sauke tabarau ya ce, "Baba Ishaya, lafiya?" Kawu ya ce, "Lafiya lau, Fasto. Wurin da ka ce su ƙaunaci juna, nan ne ƙarshe. Sauran nan ko a talabijin yanke shi za a yi." Kai, jama'a! Amarya da kanta sai da ta cusa fuska a mayafi tana dariya.

Kun ce ni zan rubuta wani abu a kansa, tunda ni ce babbar 'yar ƙanwarsa Laraba, kuma ni na fi kowa shan wannan Kat ɗin. To ga shi. Yaranmu da aka haifa a Kaduna da Abuja sun ɗauka tsohon taɓaɓɓe ne kawai mai tsohuwar kwat. Ba su san inda ya samo kalmar ba, ba su san inda ya samo kwat ɗin ba.

Kawu manomin citta ne a ƙauyenmu, can kan hanyar Nok. Ya yi firamare, yana da Turanci mai kauri, kuma kowace Kirsimeti shi ne mugun Sarki Hirudus a wasan coci. Wata shekara, ina aji biyu, wani ɗan yankinmu da ke aiki a wani gidan talabijin a Kaduna ya zo hutu ya ga wannan Hirudus yana zare ido har yara na fitsari a wando. Lokacin suna shirya wani wasa mai suna Gona da Kwalta. Labarin wani tsohon manomi ne da 'ya'yansa biyu: Dogara ya zauna yana noma, Joni ya tafi birni ya lalace. Mutumin nan, wanda Kawu bai taɓa kiransa da wani suna ba sai Oga Darakta, ya ce ya zo Kaduna.

Kawu ya wasa fartanyarsa, ya ɗaure ta da tsumma, ya hau jirgin ƙasa a Kafanchan. A ransa ba shakka shi ne Dogara. Da ya isa, Oga Darakta ya dube shi ya ce, "Ajiye fartanyar nan. Kai ne Joni."

"Wane ne Joni?"

"Ɗan banzan da ya gudu birni."

"Oga, ni manomi ne fa. Duba hannuna."

"Na ga hannunka. Kyamara fuska take ɗauka, kuma fuskarka ta macuci ce."

Dogara kuwa aka ba wani akawu haifaffen Kaduna, wanda Kawu ya rantse ya riƙe fartanya kamar mai riƙe laima. Kwana uku Kawu yana koya masa yadda ake sunkuyawa. Ya ara masa fartanyar tasa, kuma ba a taɓa mayar masa da ita ba. Shi ma sai ya riƙe kwat ɗin Joni, ruwan toka mai layi-layi. Duk wanda ya ce masa kwat ɗin nan ta gwamnati ce, sai ya ce, "Su kawo fartanyata su karɓa."

A duk ƙauyenmu talabijin ɗaya ce, ta hedimasta, baƙi da fari, da batirin mota take aiki, an ɗaure eriya a kan doguwar gora. Ran Alhamis ƙarfe biyar na yamma ake nuna wasan. Mata sukan dawo daga gona da wuri, a shimfiɗa tabarmi a tsakar gida, mu yara mu hau bishiyar mangwaro. Da yake an riga an ɗauki wasan kafin a nuna, sau da yawa Kawu yana zaune tare da mu, ya harɗe ƙafa, yana kallon kansa.

Ranar da ba zan manta ba, an sa wa Kaka Tabita, mahaifiyarsa, kujera a gaba. A wasan, uwar Joni ta taso daga ƙauye da kwandon acca a ka, ta same shi a ofis da wata budurwa. Budurwar ta tambaya wace ce wannan. Joni ya gyara kwat, ya ce, "Wata tsohuwa ce daga ƙauyenmu." Tsakar gida ta ɗauki salati da "Yesu!" Kaka ta miƙe tsaye. Kun san Hausar Kaka, ba ruwanta da mace ko namiji.

"Ishaya! Wannan mata wane ne?"

"Mama, uwata ce ta wasa."

"Kana da uwa biyu ban sani ba?"

"Mama, ga ni nan kusa da ke. Wancan hoto ne."

"Na ga kana nan. To ko na wasan ne, haka za ka yi masa a gaban mai jan baki? Ya ɗauko acca tun daga gida!"

Ta cire takalminta na roba ta ɗirka masa a ka, a gaban hedimasta. Kwana uku ba ta ba shi tuwo ba, a gidanmu yake ci. Mamana ta ce masa ya je ya ba ta haƙuri, ya ce ai ya je. Kaka ta ce ba ita zai ba haƙuri ba, ya koma Kaduna ya nemi waccan matar.

Wannan duk dariya ce. Abin ya daina zama dariya ranar da Joni ya sayar da gonar ubansa. Mutanenmu ba sa wasa da gona. Dattawan ikilisiya suka kira shi, suka ce ko da wasa ne, ɗan coci bai kamata ya koya wa yara irin wannan ba. Suka sa shi a horo, wata uku ba ya cin jibin Ubangiji a coci. A lokacin yana neman Hannatu, wadda take rera waƙa a ƙungiyar mawaƙa, har an kai kaya. Mahaifinta ya aiko aka dawo da kayan. Ya ce bakin da ya iya faɗin waɗannan maganganu ba tare da ya yi tuntuɓe ba, wata rana zai faɗe su da gaske.

Mamana ta yi kuka, ta ce, "Yaya, ka je da Oga Darakta ku yi masa bayani."

Kawu ya ce, "Laraba, in sai na je na yi bayani, to ban iya wasa ba ke nan. Dattijo ya yarda da ni har ya hana ni 'yarsa. Wane ɗan wasa ne a ƙasar nan ya taɓa samun yabo irin wannan?"

Ya faɗa yana dariya, kowa ya yi dariya. Amma Mama ta ce washegari ta kai masa kunu gona ta same shi zaune a kan kunya, rana ta take, ko ciyawa ɗaya bai cire ba. Hannatu ta auri wani ma'aikacin reluwe suka tafi kudu. Kawu bai sake neman kowa ba har ya mutu.

Wasan bai daɗe ba. Kamfanin da ke ɗaukar nauyinsa ya janye, aka ce a dakata, za a kira su. Oga Darakta ya so ya samar wa Kawu aiki a gidan talabijin ɗin, har da ɗaki. Kawu ya ce a'a, lokacin haƙar citta ya yi. Ya dawo gida ke nan. Mutumin da duk yankin ke kira Joni mai sayar da gona, shi ne wanda bai sake kwana goma a jere a wajen ƙauye ba.

Da cittarsa ta yi kyau wata shekara, ya sayi tasa talabijin da batir. Ya lulluɓe ta da zanen Kaka. Ba a buɗe ta sai ran Alhamis ƙarfe biyar. Zai yi wanka, ya sa kwat, ya cire zane, ya kunna, ya zauna rabin awa, ya kashe. Ko za su maimaita. Samarin unguwa suna roƙonsa ya bar su su ga ƙwallo, ya ce, "Batirin nan ba na ƙwallo ba ne. In kuka cinye shi, ranar da za a sa ni fa?" Shekara da shekaru haka. Aka zo aka daina irin wannan talabijin, ba ta kama komai sai yashi da ƙara, shi dai ba ya fashi. Na taɓa ce masa, "Kawu, ba hoto fa." Ya ce, "Rifi, haka take yi kafin a fara."

A cikin waɗannan shekaru ne muka watse. Ni na yi karatun jinya na tafi Abuja. Luka ya tafi Kaduna. Kaka ta rasu, Mama ta rasu. 'Ya'yan hedimasta, 'ya'yan mahaifin Hannatu, 'ya'yan dattawan nan da suka sa shi a horo, kowa ya kama hanya. Sai Kirsimeti mu dawo da motoci da ruwan leda, don cikinmu ya daina ɗaukar ruwan rijiya. Kawu yakan tsaya a bakin hanya cikin kwat yana kallonmu muna sauke kaya, ya ce, "Sannunku da zuwa, Joni da Joni da Madam Joni."

Da ciwon yana ya rufe masa ido biyu, na matsa masa ya zo Abuja a yi masa aiki. Sai da fasto ya sa baki ya yarda. Aka yi ido ɗaya lafiya, aka ce a jira mako biyu a yi ɗayan. Kwana biyu da cire bandeji, mai gadin rukunin gidajenmu ya bugo mini waya a wurin aiki.

"Madam, baban nan naki ya tuge fulawar bakin get."

Na dawo a guje. Na same shi ya gyara wurin tsaf, ya yi kunya uku, ya shuka kuɓewa da yakuwa da irin da ya zo da shi a aljihu.

"Kawu, me ka yi haka?"

"Na tambayi yaron nan, ana cin wannan ganyen? Ya ce a'a. Ana magani da shi? A'a. Akuya na ci? Ya ce ba a barin akuya a nan. To kullum yana ba shi ruwa safe da yamma don me?"

Yanzu zan faɗi abin da ban taɓa faɗa wa kowa a cikinku ba. A satin nan matar babban likitanmu ta biyo gidana da wata ƙawarta. Ina neman ƙarin girma a lokacin. Suka shigo suka sami Kawu zaune a ƙasa a tsakiyar falo, ya baje jarida yana ɓarar gyaɗa, wandon gona da kwat ɗin nan da ta koɗe ta yage a hammata. Matar ta ce, "Sista Rifkatu, wane ne wannan?"

Na ce, "Wani tsoho ne daga ƙauyenmu, ya zo asibiti."

Ban shirya ba, Allah ya sani. Fita kawai ta yi. Kawu ya ɗago, ya dube ni da idon nan ɗaya sabo. Sai ya rusuna ya ce wa matar, "Ranki ya daɗe, sannu da zuwa," ya tattara gyaɗarsa ya shiga kicin. Da suka tafi na je na tsaya a ƙofar kicin. Shi ya fara magana.

"Rifi, ba laifi. Kin yi ƙoƙari. Amma muryarki ta yi rawa a wurin ƙauyenmu. Joni ba ya rawar murya. Ni sai da Oga ya sa na maimaita sau bakwai kafin ta fita sumul. Ke da ɗauka ɗaya kin kusa."

Na durƙusa ina kuka. Ya ce in tashi, tayil ɗin da sanyi. Da gari ya waye na same shi ya ɗaure kayansa. Na ce saura ido ɗaya fa. Ya ce, "Ɗayan ya ishe ni. Na ga abin da zan gani." Bai sake taka Abuja ba, kuma da ido ɗaya ya ƙarasa rayuwarsa.

Na daɗe ina neman abin da zan yi in wanke kaina. Sai na ce bari in nemo masa kaset ɗin wasan, in sa a juya shi a waya, ya ga kansa, yaranmu ma su gani. Na ɗauki hutu na je ƙauye na ɗauke shi muka nufi Kaduna. Ranar ya goge kwat da dutsen guga na gawayi, ya aske gemu. Tun daga Kachia yake ba direba labarin Joni. Da muka zo Kajuru ya hango wani katafaren gini irin na Turawa a kan dutse, ya ce, "Af, birni ma ya fara gudowa ƙauye?"

A gidan talabijin wata yarinya ce a teburin baƙi, tana latsa waya. Na ce mun zo neman tsohon wasa, Gona da Kwalta. Ta ce, "Gona da me?" Ta kira wani, shi ma ya kira wani. Ba wanda ya taɓa ji. Oga Darakta ya daɗe da rasuwa. Muna tsaye a baranda, sai wani tsoho mai kula da sito ya fito da makullai, ya tsaya, ya ƙura wa Kawu ido.

"Joni! Ɗan banza! Kai ne ka sayar da gonar ubanka!"

Ban taɓa ganin fuskar Kawu ta yi haske irin na ranar ba. Ya gyara kwat, ya ɗaga haɓa, ya amsa da muryar Joni, "Tsoho, ƙasa ce kawai, ba a sa ta a banki." Suka rungume juna suna dariya har da hawaye. Yarinyar tebur ta ɗauke su a waya, ta ɗauka mahaukata biyu ne.

Sai tsohon ya kai mu sito. Ya ce a wancan zamanin kaset na da wuyar samu, in an nuna abu sai a ɗora wani a kai. Waɗanda suka tsira kuma, rufi ya yi yoyo, gara ta ƙarasa. Ya nuna mana wani kwali da ya ruɓe. Babu ko minti ɗaya.

Kawu ya dubi kwalin. Can ya ce, "Me aka ɗora a kaina?"

"Ina jin jawabin manya ne, a bikin raba taki."

"To, aƙalla gona ta ci riba." Sai ya ƙara da cewa, "Fartanyata fa?"

Tsohon ya yi dariya, ni ma na yi. Kawu bai yi ba. A hanyar dawowa, daga Kaduna har Kafanchan, bai ce uffan ba. Alhamis ɗin da ta biyo baya ya ba samarin unguwa batirin. Talabijin ɗin kuma kaji suka riƙa ƙwai a bayanta. Da na sani da ban kai shi ba. Shekara talatin da wani abu yana da abin jira, ni na je na kashe masa shi da mota da kuɗin mai.

Sauran kun sani. Hanya ta lalace, ana tare mutane. Waɗanda suka rage a ƙauye suka fara komawa Kafanchan da Kwoi. Makarantar da hedimasta ya cika da yara, yanzu aji biyu ake buɗewa. Sannan ciwon nan ya faɗa wa citta. Ganye ya yi rawaya, ka tona ka sami ruɓa mai wari. Kawu ya rasa amfanin shekara da irin da zai shuka baɗi, irin da ya gada tun daga hannun ubansa. Na aika masa kuɗi ya sayi sabon iri, ya ce wanda ake sayarwa bai san ƙasarmu ba.

A shekarar ne Luka ya zo da mai saye. Wani mai buga bulo yana son gonar kakanmu ta bakin hanya. Kada kowa ya ɗora wa Luka shi kaɗai. Duk mun yi magana a waya, duk mun yarda, ni ma na sa hannu. Sai dai takarda ba ta cika sai da hannun Kawu, shi ne babba.

Ina wurin. A ƙarƙashin ɗorawar da ke bakin gonar aka zauna. Kawu ya miƙe, ya dogara sanda, ya fara magana da wata murya da ban san shi da ita ba. Sai daga baya na gane, maganar uban Joni ce a wasan, wadda aka faɗa masa a gaban kyamara, ya riƙe ta duk shekarun nan. "Ɗana, a nan aka binne cibiyarka. In ka sayar, ranar da birni ya tofar da kai, a ina za ka faɗi?"

Luka ya fashe da kuka. Ya ce, "Kawu, nan ba talabijin ba ne. An kori yarana daga makaranta. Mai gida ya ba ni wata ɗaya. Cittarka ta ruɓe, tawa da na sa aka shuka mini ita ma ta ruɓe. Ka ce in dawo, in dawo in ci me? In kawo yarana a sace su a hanyar rafi?"

Muna jira Kawu ya sare shi kamar yadda ya saba. Bai ɗaga hannu ba. Ya zauna a hankali. Ya ce, "A wasan, Joni bai ba da amsa ba. Dariya ya yi ya shiga mota. Wanda ya rubuta bai san akwai amsa ba." Ya miƙa hannu. "Kawo biron."

Ya rubuta sunansa da kyakkyawan rubutun nan na 'yan firamaren da. Ya ƙi karɓar kasonsa. Abu ɗaya ya roƙi mai bulo, kada ya sare ɗorawar. Mutumin ya ce to. Kafin damina ta zagayo ya sare ta, don manyan motoci ba sa iya juyawa.

Bayan nan Kawu bai ƙara ƙarfi ba. Ƙafa ta kumbura, numfashi ya yi nauyi. Fasto ne ya sa shi a bayan mashin, wani ya riƙe shi ta baya, har inda suka sami mota zuwa asibiti a Kafanchan. Na iso bayan kwana biyu. Na same shi ya riga ya mallake ɗakin marasa lafiya. Ya gyara wa nas yadda take faɗin sunansa, ya gaya wa maƙwabcin gadonsa cewa nishinsa ya yi yawa, ba wanda zai yarda da shi.

Da rana, ina ba shi kunu da cokali, ya ce, "Rifi, kin san wasan nan bai ƙare ba?"

Na ce na san an dakatar.

"Saura kashi ɗaya. An rubuta, an raba mana takardu, aka ce mu zo Litinin. Ba a kira mu ba. A cikinsa Joni ya dawo gida. Ba kwat, ba takalmi, ba komai. Na haddace. Har yau yana nan." Ya taɓa goshinsa.

Na ce ya faɗa mini. Ya sa na ɗaga masa matashi. Ya share baki. Mutanen ɗakin suka yi shiru, har mai nishin nan. Ya sunkuyar da kai, muryar ta yi ƙasa, babu ko ɗigon gadarar Joni a cikinta.

"Baba, ni ne. Na wuce ta gonar, na ga wasu a ciki. Ban zo neman komai ba. Na gaji ne kawai. In akwai wuri ko a zaure, zan kwanta."

Ya tsaya, yana kallon ƙofa kamar mai jiran wani. Na ce, "Sai uban ya ce me?"

Ya juyo da idon nan ɗaya. "Ban sani ba. Kowa shafinsa ake ba shi. Nasa ba a ba ni ba." Sai ya yi murmushi. "Kawo kunun nan kafin ya huce."

Bayan kwana huɗu ya tafi, da hantsi, ina wajen karɓo magani.

Kun ga yadda muka yi jana'izar. Mun zo da motoci, mun yi waƙa, mun ci shinkafa a robobi, ƙarfe uku kowa na duba agogo don kada yamma ta same mu a hanya. Daga bakin kabari ana jin injin bulo yana aiki. Muka kulle gidan muka ba fasto makulli, shi ma an ce za a yi masa canji. Ban san wanda zai share kabarin ba in ciyawa ta fito. Na ce zan riƙa zuwa. Luka ma ya ce haka. Duk mun ce haka a jana'izar Mama.

Ya Ubangiji, ga bawanka Ishaya nan ya iso, da ido ɗaya da kumburarriyar ƙafa. Ya faɗi nasa, saura naka. Ka amsa masa da alheri, Uba, kada ka bar shi tsaye a ƙofa. Ka ba shi wurin kwanciya. Mu kuma da muka sa hannu, ka yi mana jinƙai. Amin.